Samanja Mazan Fama: Darasi Ga 'Yan Wasan Jigawa

Ranar 12 ga Nuwamba, 2023, Allah Ya yi wa Alhaji Usman Baba Pategi rasuwa a Kaduna. Jama'a sun fi saninsa da Samanja Mazan Fama, sojan nan mai tsawa da ya daɗe yana sa Arewa dariya a Rediyon Tarayya da talabijin na NTA Kaduna. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne, rayuwarsa ce ya ɗora a dandamali.

An haife shi a 1942 a gidan sarautar Pategi, cikin Jihar Kwara ta yau. Ya shiga soja a shekarun 1960, ya sha fareti, ya zauna a bariki, ya san yadda kurtu ke rawar jiki gaban na sama da shi, da yadda matan sojoji ke zaman haƙuri da juna. Hausar barikin da yake yi, wadda ta cakuɗe da Turancin buroka, a bakin abokan aikinsa ya ji ta. Shi ya sa tsohon soja in ya kalli wasan yakan ga kansa, farar hula kuma ya leƙa wata duniyar da shinge ya ɓoye masa.

Malaman wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello sun bi wata hanya makamanciyar wannan tun shekarun 1970. Su Michael Etherton da ɗalibansu sun riƙa shiga garuruwa irin su Soba da Maska da Bomo, su zauna da manoma su ji kukansu kan taki da gona da rashin lafiya, sannan a mayar da maganar wasa a gaban masu ita. Wanda abin ya shafa yana iya tashi ya ce ba haka aka yi ba, a gyara.

Jigawa na cike da irin waɗannan labarai. Ambaliyar 2022 ta raba dubban mutane da gidajensu a Ringim da sauran garuruwan gaɓar Kogin Haɗeja. Gobarar tankar mai a Majiya, cikin Oktoban 2024, ta ci rayuka sama da 150. Waɗanda suka tsira suna nan da ransu, da bakinsu. Ga mai dabino a Dutse, ga ɗan dako a kasuwar Shuwarin, ga matashin da ya dawo daga cirani.

Sai dai aikin mayar da labaran nan wasa yana da sharaɗi. Labarin mutum amana ne: a nemi izininsa, a sakaya sunansa in ya so, kada a mayar da hawayensa abin neman tafi.

Ina kira ga ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Dutse da ƙungiyoyin wasa na jihar, da gidan Rediyon Jigawa da zai iya ba su fili: ku je ku saurari mutanenku, ku rubuta abin da suka gani tun suna raye.