Daga Fanisau zuwa Dambatta: Ziyarar yini guda ga tarihin da ke ɓoye a tsakanin gonakin Kano

Idan mota ta wuce filin jirgin saman Malam Aminu Kano ta nufi arewa, ba a daɗe ba gidajen bulo za su fara raguwa, gonaki su karɓi hanya. Da damina gero da dawa ne hagu da dama, wake da gyaɗa a ƙarƙashinsu. Da rani kuwa sai ƙasa fayau, an tara taki tsibi-tsibi ana jiran ruwa, ga gawo da ɗorawa da kuka a warwatse.

Baƙon da bai san yankin ba zai iya yin yini yana yawo a nan bai ga komai ba sai noma. Babu allon da ya ce ga tsohon gari, babu wanda ya ce nan aka yi yaƙi. Amma a cikin waɗannan gonakin akwai garuruwan tsaro na zamanin jihadi, da tsofaffin masallatai, da makarantun allo, da sauran ganuwar da garma ke ci a kowace shekara.

Ana iya zagaya su a yini guda. Sharaɗin kawai shi ne a tafi da wanda ya san hanya, ya kuma san mutane.

Me ya sa sai da jagora?

A Kano ba a rasa masu yi wa baƙi jagora. Wasu ma'aikatan gidan tarihi ne na Gidan Makama ko na Hukumar Tarihi da Al'adu da ke Gidan Ɗan Hausa, wasu ɗaliban tarihi ne, wasu kuma 'yan gari ne da suka tashi a gaban dattawa. Sai dai yawancin zagayen da ake yi a cikin birni yake tsayawa: Dutsen Dala, Kasuwar Kurmi, marinar Ƙofar Mata, ƙofar gidan sarki, sai a koma masauki.

Fita karkara wani aiki ne daban. A ƙauye baƙo ba ya faɗa wa tsohon gini kai tsaye. Sai an fara zuwa wajen dagaci ko mai unguwa, a cire takalmi, a durƙusa a yi gaisuwa, jagora ya faɗi daga inda baƙi suke da abin da ya kawo su. Daga nan ne za a aika yaro ya kira mai riƙe da mabuɗi, ko limami, ko dattijon da gari ya yarda shi ya fi kowa sanin labarin kakanni.

Wanda ya tsallake wannan mataki zai ga katanga, ya ɗauki hoto, ya koma gida da katanga. Wanda ya bi ta hannun jagora kuwa za a shimfiɗa masa tabarma.

Fanisau, zango na farko

Fanisau tana cikin Ƙaramar Hukumar Ungogo, tafiyar 'yan mintuna daga birni. Tsohon wuri ne ƙwarai, domin littafin Tarihin Kano ya ambace ta cikin wuraren da mutane ke zaune tun kafin zuwan Bagauda a shekarar 999.

Amma martabar da aka fi saninta da ita ta samo asali ne daga zamanin Sarkin Kano Ibrahim Dabo, wanda ya yi mulki daga 1819 zuwa 1846. Da ya hau gadon sarauta ya tarar da tawaye ta ko'ina, mafi tsanani kuwa shi ne na Ɗan Tunku daga arewa. Sai Dabo ya mayar da Fanisau ribaɗi, wato garin tsaro mai ganuwa inda mayaƙa ke zama su tare hanyar abokan gaba kafin su iso birni. Ya gina gida a can, yakan fita ya zauna da rundunarsa. Baturen nan ɗan yawon duniya, Hugh Clapperton, wanda ya iso Kano a watan Janairun 1824, ya ambaci garin a labarin tafiyarsa.

Ribaɗi a tsarin Daular Usmaniyya ba sansanin yaƙi ba ne kawai. Gari ne da ake son a haɗa tsaro da ibada da karatu, shi ya sa gidan sarki da masallaci suke dab da juna. Har yau sarakunan Kano suna da al'adar Hawan Fanisau a ƙarshen bukukuwan Babbar Sallah, inda sarki ke fita da hakimai ya yini a garin.

Akwai wani ɓangare na tarihin Fanisau da ba kowane jagora ke son taɓawa ba. Gonakin da suka kewaye garin gandun sarki ne, kuma bayi ne suka noma su tsawon ƙarni na 19. Masanin tarihi Mohammed Bashir Salau ya rubuta littafi guda a kan wannan batu, wanda aka wallafa a 2011, inda ya bi diddigin yadda aka tara bayi a gandayen Fanisau da yadda suka shiga noman gyaɗa bayan jirgin ƙasa ya iso Kano. Sai a 1936 Turawan mulki suka haramta bauta kwata-kwata a Arewacin Najeriya.

A nan ake gane gwanin jagora. Zuriyar waɗanda aka yi wa sarauta da ta waɗanda suka yi noman duk suna cikin gari, maƙwabtan juna ne, wasu ma surukai. Gwani yakan faɗa wa baƙonsa gaskiya a cikin mota, idan an zauna gaban dattawa kuma ya san tambayar da ba a yi.

Ƙasar da ba ta hutawa

Daga Fanisau zuwa Minjibir hanya tana ratsa yankin da masana suka daɗe suna mamakinsa. A 1965 Michael Mortimore da J. Wilson na Jami'ar Ahmadu Bello suka wallafa bincike a kan karkarar da ta kewaye Kano, inda jama'a suka yi yawa har ba a barin gona ta huta ko shekara guda, amma ba ta daina ba da amfani ba. Sirrin shi ne taki. Manoma sukan kai itace da amfanin gona birni a kan jakuna, su dawo da mangala cike da shara da toka da kashin dabbobi.

Wannan yawan jama'a shi ya ciyar da birnin Kano ɗaruruwan shekaru, shi ne kuma yake cinye tarihin yankin a yanzu. Inda kowane taku na ƙasa yake da mai shi, tsohuwar ganuwa fili ce da ake hange. Wani ya ɗebi ƙasarta ya yi tubali, wani ya ƙara kunya biyu a gefenta, bayan shekara goma sai ɗan tudu ya rage. A kusa da birni kuma, musamman Ungogo, masu yanka fuloti ne ke bin gonakin ɗaya bayan ɗaya.

Minjibir ta yi suna da saƙa tun zamanin da tufafin Kano ke kaiwa ƙasashen Sahara. Masaƙan sun ragu sosai, yadin kanti ya ci kasuwarsu, amma jagoran da ya san gari yakan kai baƙo inda za a ga ana jefa ƙoshiya. A irin waɗannan garuruwa kuma ake samun tsangayun da aka gada kaka da kakanni, inda alaramma ke rubuta Alƙur'ani da ka, da tawadar da aka dafa a gida.

Dambatta da hanyar dawowa

Bayan Azahar sai a miƙa Dambatta, a kan hanyar Kazaure da Daura. Daga nan ne Ɗan Tunku ya tashi ya kafa Kazaure, wadda daga baya ta zama masarauta mai cin gashin kanta, yanzu kuma tana Jihar Jigawa. Wato wanda ya fara yininsa a Fanisau ya ƙare a Dambatta ya ga yaƙi guda ta fuska biyu: inda aka tsaya ana tsaro, da inda aka taso.

Dambatta ita ce mazaunin Sarkin Ban Kano, sarautar Dambazawa, ɗaya daga cikin masu zaɓen Sarkin Kano. Marigayi Sarkin Bai Mukhtar Adnan ya riƙe ta daga 1954 har rasuwarsa a 2021. Garin yana da babbar kasuwar dabbobi, ga kuma Madatsar Ruwa ta Thomas a kusa, inda ake noman rani.

A hanyar dawowa, idan da sauran rana, ana iya ratsawa Dawakin Tofa, mazaunin Madakin Kano, garin da ya shahara da ginin tukwane da randuna, sannan a biyo ta kasuwar hatsi ta Dawanau a shigo birni kafin Magariba.

Yadda wasu ke cin abinci da irin wannan

A wasu ƙasashe irin wannan zagaye sana'a ce mai zaman kanta. Armeniya ƙaramar ƙasa ce a yankin Kokesas, mutanenta kusan miliyan 3, ko rabin mutanen Jihar Kano ba su kai ba. Tana da tsofaffin gidajen ibada na Kirista inda masu zuhudu ke keɓewa su yi karatu da rubutun littattafai. Akwai Geghard, wanda aka gina babban ɗakin ibadarsa a 1215, aka kuma sassaƙa wani sashensa a cikin dutse. Akwai Khor Virap da ke fuskantar Dutsen Ararat, da Noravank, da Haghpat da Sanahin a arewa. Hukumar UNESCO ta sanya Geghard da Haghpat da Sanahin cikin wuraren tarihi na duniya.

Baƙo yakan ɗauki mota da jagora daga babban birninsu Yerevan da safe, ya ga wuri biyu ko uku, ya ci abinci a ƙauye, ya dawo da yamma. A 2023 baƙi sama da miliyan 2 suka shiga ƙasar. Direba ya samu, jagora ya samu, mai gasa burodi a bakin hanya ma ta samu.

Sai dai akwai bambanci babba. Nasu ginin dutse ne, ko an yi watsi da shi shekara ɗari yana nan tsaye. Na ƙasar Hausa kuwa ginin ƙasa ne: tubali, da azara, da makubar da ake yi da ɓawon ɗorawa don kare bango daga ruwa. Irin wannan gini yana rayuwa ne muddin ana yi masa yaɓe ana gyara indararo kafin damina. Aka yi sakaci shekara biyu ko uku, gara ta ci azara, soro ya rufta.

Saboda haka ne garuruwa da yawa suka rushe tsofaffin masallatansu suka gina na siminti da kwano. Ba a ga laifinsu ba, domin jama'a sun ƙaru, kuma babu mai son rufi ya faɗo wa masallata. Ko babban masallacin Juma'a na birnin Kano, na ƙasa ne aka maye gurbinsa da ginin zamani a farkon shekarun 1950. Abin takaicin shi ne sau da yawa ba a barin ko soro guda a gefe, ba a ma ɗauki hotonsa ba.

Mutanen Djenne a ƙasar Mali sun bi wata hanya. Babban masallacinsu na ƙasa, wanda aka sake ginawa a 1907, duk shekara gari ke fitowa ƙwansa da kwarkwatarsa a yaɓe shi, har abin ya zama biki da baƙi ke zuwa kallo.

Abin da ke kan gaba

A takarda, Kano ba ta rasa shaida ba. Ganuwar birni da wuraren da ke tare da ita suna jerin jiran UNESCO tun 2007, kuma a Disambar 2024 hukumar ta amince da Hawan Sallah na Kano a matsayin al'adar da duniya ta gada. Amma rikicin masarauta ya sa an sha dakatar da hawan a 'yan shekarun nan, hare-haren 'yan bindiga a wasu ƙauyukan Shanono da Tsanyawa da ke iyaka da Katsina kuma sun sa baƙi ɗari-ɗari da arewacin jihar gaba ɗaya, har da garuruwan da ke nesa da wurin.

Ba lallai ba ne a jira Turawa. Makarantun sakandare na birni, da ɗaliban jami'a, da iyalan da ke zuwa hutu daga Abuja ko Legas, sun isa su raya wannan hanya idan an san da ita.

Mai niyyar zuwa ya tashi da wuri, ya sa jagora ya sanar da masu gari tun kwana ɗaya kafin tafiya, ya kuma tambayi halin da hanya ke ciki. Ya riƙe goro ko ɗan abin gaisuwa, ya nemi izini kafin ya ɗaga waya, kada ya leƙa cikin gida sai an ce ya shiga. Lokacin sanyi, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, ya fi daɗin tafiya, an gama girbi, dattawa suna da sukunin zama.

Mafi muhimmanci, ya tafi da littafin rubutu ko ya nemi izinin naɗar murya. Mafi yawan abin da aka sani game da waɗannan garuruwa, sunayen limamai da magina da inda kowace ƙofa take a da, yana cikin kawunan mutanen da suka haura shekara saba'in, kuma jikokinsu da yawa sun koma birni neman abinci.