Suha, tauraron da Larabawa ke gwajin ido da shi

A daren da babu farin wata, mai duban arewa zai ga taurari bakwai da Larabawa ke kira Banatu Na'ash. Uku daga cikinsu sun yi kamar jela, kuma dab da na tsakiya akwai wani ɗan mitsitsi, Suha, wanda Turawa ke kira Alcor. A da, wanda ya hango shi sai a ce idonsa garau yake.

Nisa ne kawai ya dusashe shi, domin haskensa kan shafe kusan shekara 82 kafin ya iso duniya. Fari ne, zafinsa ya kusan digiri 8,000, nauyinsa ya kusan ninka na rana, haskensa kuwa ya fi nata sama da sau goma. Sai a 2009 masana suka gano wani ƙaramin jan tauraro da ke zagaya shi.