HANYAR YANKE A FUSKAR KWAMFUTA: DARASIN DA ƘANWATA TA SAYA DA HAWAYE

Yau dai ba zancen lalle ko girki na zo muku da shi ba. Wani ɗan ƙaramin abu ne a kwamfuta wanda yin sa ba ya cin minti biyu, amma rashin saninsa ya sa na ga hawaye a gidanmu.

Wata ranar Laraba da la'asar ina zaune a tsakar gida ina tsince shinkafa, sai ga ƙanwata, mu kira ta Hajara, ta fito daga ɗaki idanun nan sun kaɗa sun yi jawur. Ta durƙusa a gabana jikinta na rawa.

"Yaya, na shiga uku. Kuɗin Umma sun tafi."

"Wane kuɗi kuma? Ke nutsu ki yi min bayani."

Ashe sakamakon jarrabawarsu ne ya fito, ƙawayenta duk sun duba nasu, ita kuwa ɗoki ya hana ta jiran kowa. Ta ɗauko kwamfutar yayanmu, ga shi ba ta riƙe adireshin shafin hukumar jarrabawar ba, sai kawai ta rubuta sunan a wajen bincike ta danna abin da ya fara fitowa. Shafi ya buɗe, launi iri ɗaya, tambari iri ɗaya. Aka ce ta tura kuɗi a wani asusun banki a aiko mata da lambar duba sakamako. Ta karɓi kuɗin da Umma ta ware mata daga adashe, ta ruga wajen mai POS ta tura. Shiru, shiru, babu lamba. Da muka duba rasit ɗin, sai ga sunan wani mutum can daban a kan asusun, lambar wayar da ke shafin kuma a kashe. Allah Sarki Umma, cewa kawai ta yi, "Allah Ya mayar da alheri," amma kowa ya san a yadda ta tara kuɗin nan.

Da yayanmu ya dawo da daddare duk mun zaci faɗa zai yi. Sai ya ce, "Laifina ne da ban nuna mata ƙofar gaskiya ba." Ya zaunar da mu, ya ajiye wa Hajara ɗan tambari a fuskar kwamfutar, ya ce daga yau in shafin nan take so, wannan kawai za ta danna. Abin da ya koya mana ke nan na ce bari in kawo muku, domin gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

MECE CE HANYAR YANKE?

Idan kika kunna kwamfuta ta gama tashi, filin nan da kike fara gani mai ƙananan hotuna a jere, shi nake kira fuskar kwamfuta, masu harkar kuma suna ce masa destof. Hanyar yanke, wadda za ki ji ana kira shotkot, ɗan tambari ne da ake ajiyewa a wannan filin, wanda babu komai a cikinsa sai adireshin wuri guda. Kin san yaron nan na unguwa da ake aika a ce je ka gidan su wance ka ce ana sallama? To haka take, ɗan aike ce da ta san gida ɗaya tak, kuma ba ta ɓatan kai. Kina danna ta sau biyu, burauzarki za ta buɗe ta kai ki shafin kai tsaye, ba ruwanki da rubuta adireshi, balle ki tsallake harafi ki faɗa gidan 'yan damfara. Ba kuma sabon abu ba ne, tun Windows 95 da kamfanin Microsoft ya fitar a 1995 ake amfani da irin waɗannan tambura.

KAFIN KOMAI, TABBATAR DA ƘOFAR

Nan ne gizo ke saƙar, 'yar uwa. Ɗan aike inda kika nuna masa nan zai riƙa zuwa kullum, in kika nuna masa gidan ɓarawo, can zai riƙa kai ki. Saboda haka adireshin da za ki yi wa hanyar yanke, samo shi daga wurin da kika amince: takardar da hukumar ta buga, ko ofishin makarantarku, ko malaminku. Kada ki ɗauko daga saƙon da ake ta yaɗawa a WhatsApp.

Hukumomin gwamnatin Nijeriya adireshinsu kan ƙare da .gov.ng. Hukumar JAMB, wadda aka kafa a 1978, kuma ta mayar da jarrabawarta gaba ɗaya kan kwamfuta a 2015, adireshinta jamb.gov.ng ne. NECO da aka kafa a 1999, nata neco.gov.ng. Jami'o'i kuwa nasu kan ƙare da .edu.ng, kamar buk.edu.ng na Jami'ar Bayero ta Kano da abu.edu.ng na Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya. Ita WAEC da ta faro tun 1952 ta ƙasashe biyar ce, Nijeriya da Ghana da Saliyo da Gambiya da Laberiya, shafinta na duba sakamako a Nijeriya shi ne waecdirect.org. Ki riƙa karanta adireshi harafi bayan harafi, domin macuta kan ƙara harafi ɗaya, ko su rubuta sunan hukumar a farko su ɗora wasu kalmomi a bayansa. Kama da wane ba ta wane.

Wasu za su ce miki ai in kin ga ɗan kwaɗo a gefen adireshi shi ke nan shafin na gaskiya ne. A'a. Kwaɗon nan yana nufin abin da kika rubuta a rufe yake tafiya tsakaninki da shafin, bai ce mai shafin mutumin kirki ba ne. Saboda yawan wannan ruɗanin ne ma kamfanin Google ya cire alamar kwaɗon daga burauzarsa ta Chrome a 2023, ya sa wata alama daban.

HANYA TA FARKO: RUBUTAWA DA HANNU

Wannan tana aiki a Windows 10 da Windows 11. Ki kai kibiyar maus wani fili da babu komai a fuskar kwamfutar, ki danna maɓallin dama na maus ɗin. Jerin rubutu zai fito. Ki je inda aka rubuta New, daga nan ki zaɓi Shortcut. Wani akwati zai buɗe yana tambayar adireshi. Ki rubuta shi cikakke, ki fara da https:// sa'an nan sauran, ki sake karantawa a tsanake, sai ki danna Next. Zai nemi suna, ki ba shi wanda za ki gane, ko da Hausa ne, kamar "Sakamakon Hajara" ko "Makarantarmu". Ki danna Finish. Shi ke nan, ga tambarinki nan ya fito.

HANYA TA BIYU: JAWOWA

Wannan ita ce ta malalata irina. Ki buɗe shafin a burauza, ki tabbatar shi ne na gaskiyar. Ki rage girman tagar burauzar yadda za ki iya hango fuskar kwamfutar ta gefe. A hagun adireshin can sama akwai 'yar alama, a wata burauzar kwaɗo ne, a Chrome kuwa wasu 'yan layuka biyu ne masu ɗigo. Ki ɗora kibiya a kanta, ki danne maɓallin hagu kada ki saki, ki jawo ta har fuskar kwamfutar, sa'an nan ki saki. Nan take za ta zama hanyar yanke. Haka ake yi a Chrome da Edge da Firefox, har ma a kwamfutar Apple jawowar tana aiki.

Mai Chrome tana da ƙarin hanya. Idan ta danna ɗigo ukun nan na kusurwar dama ta sama, ta bi jerin a hankali, za ta tarar da inda aka rubuta Create shortcut. Sai dai mazauninsa a jerin yakan canza in an sabunta burauzar, shi ya sa na fi son ki riƙe biyun farko.

TO, SAI KWALLIYA

Na san ku, ko littafin makaranta sai kun yi masa bango mai fure. To wannan ma ana yi mata ado, kuma adon na da amfani, domin in tambura goma duk kamarsu ɗaya, ido zai ruɗe.

Canza suna: ki danna tambarin sau ɗaya, ki latsa F2 a kibod, ki rubuta sabon suna, ki latsa Enter.

Canza hoto: ki danna tambarin da maɓallin dama, ki zaɓi Properties. A ɓangaren da aka rubuta Web Document za ki ga Change Icon. Kina danna shi ƙananan hotuna za su fito, ki zaɓi wanda ya kwanta miki, ki danna OK, ki sake danna OK. In naki hoton kike so ki sa, sai ki shiga Browse ki nemo shi, amma fa sai wanda sunansa ya ƙare da .ico, irin hoton da kika ɗauka da waya ba zai hau ba sai an juya shi zuwa wannan nau'in. Hajara tauraro ta zaɓa wa nata, wai don ta ci jarrabawa da haske.

Maɓallin gaggawa: a wannan wurin dai akwai gurbin Shortcut key. Ki danna cikinsa ki latsa harafi ɗaya, misali J, kwamfutar za ta mayar da shi Ctrl da Alt da J. Duk sanda kika haɗa ukun nan kika latsa, shafin zai buɗe.

Shirya su: kada ki bar fuskar kwamfuta kamar ɗakin da ba a share ba. Ki danna maɓallin dama a fili, ki je New, ki zaɓi Folder, ki sa mata suna "Karatu", ki jawo na makaranta duk ki zuba ciki. Na girki da na ɗinki su ma a yi musu tasu foldar. In tagogi sun rufe miki fuskar kwamfutar, ki haɗa maɓallin da ke da tambarin Windows da harafin D, duk za su kauce.

ABUBUWA HUƊU DA ZA KI RIƘE

Na ɗaya, hanyar yanke ba ta ajiye shafin a cikin kwamfutarki. In babu data ko intanet, ba zai buɗe ba, kada ki ce ta lalace.

Na biyu, in kin goge ta babu abin da ya sami shafin ko sakamakonki. Ɗan aike kika sallama, gida na nan inda yake. In kuskure ne, ki leƙa kwandon shara na kwamfutar ki dawo da ita.

Na uku, kwamfutar gida ta kowa ce. Duk wanda ya zauna zai ga tamburanki, kuma in kin bar burauza ta riƙe miki kalmar sirri, ƙaninki na dannawa sai cikin asusunki. Saboda haka in burauza ta tambaye ki ko ta adana kalmar sirri, ki ce a'a, kuma ki riƙa fita daga asusunki in kin gama. A shagon intanet kuwa wannan wajibi ne.

Na huɗu, kada ki amince da tambarin da ba ke kika yi ba. Suna da hoto kowa na iya sa wanda ya ga dama. In kin tarar da wani, ki danna shi da maɓallin dama, ki shiga Properties ki karanta adireshin da ke ciki kafin ki buɗe. Haka nan in kin kai filash ɗinki shago aka buga miki takarda, kika dawo kika ga foldojinki duk sun koma tambura masu 'yar kibiya a gindi, kada ki danna ko ɗaya. Bairos ne ya ɓoye ainihin kayanki ya ajiye tarko a madadinsu. Ki kai wa wanda ya sani ya wanke miki.

Wadda ba ta da kwamfuta ma ba a bar ta a baya ba. A wayar Android, ki buɗe shafin a Chrome, ki danna ɗigo uku, ki zaɓi Add to Home screen. A iPhone kuwa, cikin Safari, alamar rabawa za ki danna ki nemi wannan rubutun.

Kuɗin Umma dai ba su dawo ba har yau. Sai da yayanmu ya sake biya ta hanyar da ta dace, Hajara ta danna tauraronta da bisimilla, hannu na rawa, sakamako ya fito, ta samu kiredit ɗinta har da Turanci da Lissafi. Guɗar da Umma ta rangaɗa ranar sai da maƙwabta suka leƙo. Yanzu ita ce ke bi gida-gida tana yi wa ƙawayenta nasu tamburan.

Ke ma yau ɗin nan, kafin lokacin ɗoki da gaggawa ya zo, ki nemi adireshin gaskiya na makarantarku da na hukumar jarrabawarku, ki ajiye su a fuskar kwamfuta ko ta waya, ki kuma koya wa ƙanwarki. Allah Ya tsare mu daga sharrin macuta, Ya ba ku sa'ar jarrabawa. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba, in Allah Ya kai mu.