Ningi da Ganuwar Rano: Sun Ƙi Haraji, Suka Rayu da Hari

Manomin ƙasar Rano da Kibiya na tsakanin 1850 da 1900 bai san kaka da hutu ba. Da an yanke dawa, ciyawa ta bushe, rafuka suka janye har doki yana iya ƙetarewa, sai hankalin kowa ya koma kudu maso gabas, wajen duwatsun Ningi. Daga can mahara suke ɓullowa. Suna kwasar hatsi, suna korar shanu, amma babban abin da ya fito da su shi ne mutum: matar da ta je ɗiban ruwa, yaron da ke kiwon awaki, magidancin da ya yi nisa da ƙofar gari.

Waɗanda suka kafa gwamnatin da ke turo waɗannan mahara Kanawa ne, malamai masu allo da tawada. Jagoransu Malam Hamza mutumin Tsakuwa ne, garin da yake cikin ƙasar Dawakin Kudu a yau. Wajen 1846, farkon sarautar Sarkin Kano Usman ɗan Dabo, aka matsa wa malaman Tsakuwa su biya kuɗin ƙasa. Suka ce ba su san wannan ba, abin da shari'a ta ɗora wa Musulmi zakka ce. Hujjarsu tana da tushe, domin ɗora wa talaka harajin da babu shi a littafi yana cikin laifuffukan da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya zargi sarakunan Haɓe da su. Shekara arba'in kacal bayan jihadi, sai ga malamai suna mayar wa 'ya'yan masu jihadin da zargin iyayensu. Da rigima ta yi tsami, Hamza ya kwashi mutanensa suka fice daga ƙasar Kano, suka hau duwatsu.

Duwatsun da mutanensu. Akwai Butawa da Warjawa da Sirawa da Pa'awa da Kudawa da wasunsu, kowa da harshensa da tsafinsa, kuma duk sun sha wuya a hannun Kano da Bauchi, masu kai musu hari ko karɓar gaisuwa a wurinsu. Labarin baka yana cewa da asiri Malam Hamza ya ja hankalinsu, har ana faɗin yakan shimfiɗa tabarma a iska ya hau ya zauna. Wanda ya ga dama ya yarda. Abin da ya fi tabarma tasiri shi ne ya kawo musu abin da ba su da shi: shugaba guda, rubutu, da sanin sirrin abokin gaba daga ciki. Hamza bai daɗe ba, ya mutu a faɗa da Bauchi. Amma abin da ya dasa ya kama. Bayansa aka yi Ahmadu, sai Abubakar Ɗan Maje daga tsakiyar shekarun 1850 zuwa wajen 1870, sai Haruna Ƙarami har zuwa 1886, sai Gajigi na ɗan lokaci, sannan Usman Ɗan Yaya. Masanin tarihi Adell Patton, wanda ya yi digirinsa na uku a kan Ningi a 1975, ya bi diddigin wannan jeri daga bakin tsofaffi da kuma wasiƙun Larabci da sarakunan suka yi musaya da maƙwabtansu.

To, sarauta ba ta zama da yunwa. Sarki yana bukatar dawaki, ga sulke da lifidi, ga kyautar da zai riƙe barade da ita. Ƙasar dutse ba ta da rini da saƙa irin na Kano, ba ta da babbar kasuwar da fatake ke sauka, kuma abin da mutanen dutse ke kawowa na gaisuwa bai isa ya ɗauki runduna ba. Gwamnatin da aka kafa a kan ƙin kuɗin ƙasa sai ta wayi gari baitulmalinta yana cikin gonakin maƙwabta. Bawa ya zama kuɗi. Da shi ake sayen doki, da dokin ake kamo wani bawan. Wasu a sayar, wasu a sa su noma, mata su zama kuyangi da ƙwaraƙwarai, wanda danginsa ke da hali a fanshe shi. Sarakunan Ningi suka ɗauki sarautun Hausa da tsarin fada irin na waɗanda suka guda, har da bayin sarki. Ko ƙarni guda ma ba a kai ba, ɗan tawaye ya koma kama da wanda ya yi wa tawaye.

Harin ya kai inda ba a zata. A zamanin Sarkin Zazzau Sambo, mayaƙan Haruna sun iso har kusa da ganuwar Zariya suka kwashi mutane. Bajamushe Paul Staudinger, wanda ya bi hanyar Zariya zuwa Kano a tsakiyar shekarun 1880, ya rubuta irin fargabar da ayari ke shiga in an ambaci sunan Haruna. Wanda ya duba taswira zai ga cewa tsakanin Ningi da waccan hanya, ƙasar Sumaila da Tudun Wada da Kibiya da Rano ce a shimfiɗe.

A nan ne Rano ta sami wani aiki da tarihin makaranta ba ya yawan ambata. Yaro yana haddace cewa Rano tana cikin Hausa Bakwai, ita da Kano ne sarakunan baba, kuma sarkinta shi ne Autan Bawo. Amma a ƙarni na goma sha tara, bayan ta daɗe a ƙarƙashin Kano, Rano ribaɗi ce, wato garin tsaro a bakin daga, cikin jerin garuruwa masu ganuwa irin su Birnin Kudu da Takai da suka tare kudancin masarauta. Sarkin Rano yana cikin manyan sarakunan ƙasar Kano masu tara mayaƙa, tare da na Gaya da Dutse da Karaye. Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi, wanda ya hau a 1855, ya ɓata shekaru masu yawa na mulkinsa a wannan fage, yana zama a Takai yana fafatawa da Ɗan Maje, kuma bai taɓa iya murƙushe Ningi ba. Dokin Kano gwani ne a fili, amma a cikin dutse mai kwari da baka ne sarki.

Talaka shi ya biya kuɗin wannan tsaro da jikinsa. Shi ke cuɗa ƙasa a ɗaga ganuwa, shi ke haƙa gwalalo, shi ke dasa sarƙaƙiya a kewaye. Ƙananan ƙauyuka suka watse, mutane suka taru inda akwai katanga ko dutsen fakewa. Gonar nesa ta zama kasada, ta kusa da gari ta yi daraja.

Sai dai in za a faɗi gaskiya a faɗe ta duka. Ganuwar nan an gina ta ne don kada a mai da na cikinta bayi, ba don an ƙi jinin bauta ba. Heinrich Barth, da ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa bayin da ke ƙasar Kano ba su gaza 'ya'ya yawa ba. Gandun sarki da na hakimai da rinjin attajirai, bayi ne ke nome su. Rinin da Kano ke alfahari da shi, da hatsin da ke ciyar da birni, akwai gumin bawa a ciki. Kuma idan rundunar Kano ta fita ramuwa, sau da yawa Warjawa take faɗa wa, ta dawo da su a ɗaure. Bawarje yana tsakanin wuta biyu: in ya bi Ningi, Kano ta kama shi, in ya ƙi, Ningi ta kama shi.

Ta fuskar shari'a ma kowane ɓangare yana da kunyarsa. Tun 1615 Ahmad Baba na Tambutu ya yi fatawa cewa ba ya halatta a bautar da ɗan Musulmi, ya kuma lissafa Kano da Katsina cikin ƙasashen Musulunci. Jikokin malaman da suka bar gida saboda kuɗin ƙasa bai halatta ba, su ne suke kama mai salla a gonarsa su sayar. A ganina wannan ya fi kuɗin ƙasa muni nesa ba kusa ba, kuma duk mai son ya kira Ningi gwagwarmayar talaka zalla sai ya fara amsa wannan. Su kuma sarakunan Kano, da Basasa ta ɓarke a 1893, Yusufawa, ɓangare guda na gidan sarautar, suka fice zuwa Takai suka kafa tasu rundunar, ba su ji nauyin neman haɗin kan Ɗan Yaya ba, kuma a yaƙin nan Bakano ya kama Bakano ya sayar. Gajigi, wanda ya nemi amana da maƙwabta, kashe shi aka yi a gida. Zaman lafiya ba ya ciyar da barade.

A daidai lokacin da Ɗan Maje ke kan ganiyarsa, a can Amurka jihohi 11 na kudu suka ɓalle suka kafa gwamnatinsu daga 1861 zuwa 1865, Jefferson Davis yana shugabanta, babban birninsu Richmond. Cikin mutane wajen miliyan 9 da ke ƙarƙashinta, kimanin miliyan 3.5 bayi ne baƙar fata. Su ba su ɓoye dalilinsu ba: mataimakin shugabansu Alexander Stephens ya fito fili a watan Maris na 1861 ya ce tushen sabuwar gwamnatin shi ne baƙin mutum ba daidai yake da fari ba. Bambancinsu da Ningi a bayyane yake. Su sun ɓalle ne don su riƙe bayi, daga ƙasar da rabinta ya riga ya bar bauta. Ningi ta ɓalle kan haraji, daga daular da ita kanta bayi ke ɗauke da ita, kuma launin fata bai shigo zancen ba. Inda suka haɗu shi ne abin da ya biyo baya. Da aka ci 'yan kudancin Amurka da yaƙi, jikokinsu suka sake wa labarin riga, suka ce 'yancin jihohi aka kare, suka kakkafa gumakan janar-janar, suka ci gaba da ɗaga tutar yaƙinsu. Sai da wani matashi mai ƙaunar tutar ya harbe baƙaƙe 9 a wani coci a Charleston a 2015 sannan aka sauke ta daga harabar majalisar jihar da birnin yake ciki. Mississippi ta cire ta daga tutarta a 2020, aka kuma tumɓuke gunkin Janar Robert Lee a Richmond a 2021.

Mu ba mu da gunki, ba mu da tutar da za a yi jayayya a kanta. Alamominmu suna cikin kufan ganuwa da ruwan sama ke ci kowace damina, da sunayen sarauta, da kirarin da maroƙa ke yi ranar hawan salla, inda ake yabon wanda ya ci gari, ba a tambayar ina mutanen garin suka shiga. A Ningi, Hamza da Ɗan Maje da Haruna gwarazan da suka ƙi miƙa wuya ne, kuma gaskiya ne Sakkwato ba ta taɓa mallakar su ba. A kudancin Kano, mahara ne. Kowane labari yana da rabin gaskiya, kuma dukansu labarin masu doki ne. Wanda aka ɗaure wa igiya a wuya ba shi da maroƙi. Jikokinsa suna nan a Ningi da Rano da Zariya da birnin Kano, da yawansu ba su san daga ina aka kawo kakarsu ba, waɗanda suka sani kuma ba sa son a tayar. Maganar ba ta fitowa sai ranar neman aure, lokacin da tsofaffi suka shiga ɗaki binciken asali, ko ranar da faɗa ya kai ga gori.

Ƙarshen abin ya zo da sauri. Turawan Ingila suka ci Bauchi a farkon 1902, a shekarar kuma Ɗan Yaya ya rasa sarauta da ransa. A farkon Fabrairun 1903 rundunar Kanar Morland ta fasa Bebeji, maƙwabciyar Rano, ta shiga Kano ranar 3 ga wata. Hari ya tsaya, amma bauta ba ta tsaya ba. Dokar Lugga ta 1901 ta hana cinikin bayi, ta ce duk wanda aka haifa daga 1 ga Afrilun shekarar ɗa ne, sai dai ta bar waɗanda ke hannu a hannu, su fanshi kansu ta hanyar murgu in sun iya. Turawa suna tsoron kada gandu ya watse, sarakunan da suke mulki ta hannunsu su raunana. Sai a 1936 aka soke bauta gaba ɗaya a Arewa. Kuɗin ƙasar da Hamza ya guda kuwa, Bature ya kai shi har kan dutsen, ya sa sarakunan Ningi su karɓa.

Akwai wani reshe na wannan tarihi da ya ɓullo inda ba a tsammani. Isawa, mabiya Malam Ibrahim da aka kashe a Kano zamanin Maje Karofi, sun sami mafaka a iyakar Ningi. Wasu daga zuriyarsu suka karɓi Kiristanci a hannun ɗan mishan Dokta Miller, suka zauna a Gimi har ciwon barci ya tarwatsa garin, kuma daga cikinsu aka sami Farfesa Ishaya Audu, ɗan ƙasa na farko da ya shugabanci Jami'ar Ahmadu Bello.

Gidan sarautar ma bai ɓace ba. Ningi masarauta ce a Jihar Bauchi, kuma sunan Ɗan Yaya yana nan a kan karaga: Sarki Yunusa Muhammad Ɗanyaya ya hau a 1978, ya rasu a watan Agustan 2024, ɗansa Haruna ya gaje shi. A wannan shekarar ce aka rushe masarautar Rano da aka ƙirƙira a 2019, aka sake kafa ta a daraja ta biyu, da Rano da Bunkure da Kibiya a ƙarƙashinta. An yi ta muhawara a rediyo kan sanda da iyaka da wanda ya girmi wani tun zamanin Bawo, kowane ɓangare yana jawo tarihi ya kafa hujja. Shekaru hamsin ɗin da talakan Kibiya ya yi yana noma da kwari a kafaɗa, da bayin da suka nome gandun sarakunan da ake jayayya a kan gadonsu, ba su cikin tarihin da aka jawo.