GIDAN GALILEI: UBA MAI AUNA SAUTI, ƊA MAI KAƊA MOLO

Duk wanda ya zauna a ajin kimiyya ya ji sunan Galileo Galilei, mutumin Italiya wanda ya ɗaga madubin hangen nesa ya dubi taurari, aka kuma gurfanar da shi gaban kotun coci a birnin Rum cikin shekarar 1633 saboda ya tsaya a kan cewa duniya ce ke kewaya rana. Amma ba kowa ya san cewa gidan da ya fito gidan makaɗa ne ba. Mahaifinsa, Vincenzo Galilei, da kiɗa ya ci abinci, ya kuma yi bincike a kan yadda sauti ke fita daga tsirkiya. Ƙanensa, Michelagnolo, shi ma da kiɗa ya rayu har ya koma ga Mahaliccinsa.

Vincenzo ya bar gado iri biyu, watau molo da ma'auni. Babban ɗansa ya ɗauki ma'auni, duniya ta san shi. Ƙaramin ya ɗauki molo, ya shiga duniya neman ubangida.

ALMAJIRI DA MALAMINSA

An haifi Vincenzo wajen shekarar 1520 a wani ƙaramin gari mai suna Santa Maria a Monte, kusa da birnin Pisa. Abin kiɗan da ya ƙware a kai shi ne wani irin molo na Turawa mai faɗin ciki da tsirkiyoyi masu yawa, wanda suke kira lut, sunan da suka aro daga al'ud na Larabawa. Cikin 1562 ya auri Giulia Ammannati, aka haifa musu Galileo ran 15 ga Fabrairu, 1564. Da yake kiɗa kaɗai bai isa riƙe gida ba, ya kan haɗa da cinikin ulu.

Wani basarake na birnin Fulorans, Giovanni de' Bardi, shi ya zama ubangidansa, ya kuma tura shi birnin Benis domin ya ƙaro ilmi wurin Gioseffo Zarlino, wanda a lokacin babu kamarsa a Turai wajen sanin ƙa'idojin kiɗa. Koyarwar Zarlino ita ce daɗin kiɗa yana cikin lissafi, kuma duk muryoyin da suka dace da juna ana samun su daga ƙananan lambobi, daga 1 zuwa 6. Vincenzo ya karɓi wannan karatu hannu bibbiyu. Cikin 1568 ya buga littafinsa Fronimo, wanda ke koyar da yadda ake rubuta kiɗan molo da yadda ake kaɗa shi.

Daga 1572 ya fara musayar wasiƙu da Girolamo Mei, wani masani mazaunin Rum wanda ya karanta rubuce-rubucen Girkawan dā a kan kiɗa cikin harshensu na asali. Wasiƙun Mei suka sa shi kokwanton abin da ya koya. Daɗin daɗawa, shi mutum ne wanda kullum hannunsa ke kan tsirkiya, kuma kunnensa yana gaya masa cewa abin da mawaƙa ke rerawa bai yi daidai da lissafin da ke cikin littafi ba. Cikin 1581 ya buga wani littafi a kan kiɗan dā da na zamaninsa, inda ya fito fili ya saɓa wa malaminsa. Zarlino ya mayar da martani cikin 1588, Vincenzo kuma ya sake amsawa cikin 1589, da kalmomi masu zafi.

A gidan Bardi akwai wani zaure inda mawaƙa da masana ke taruwa, wanda tarihi ya sani da sunan Camerata. Kukansu shi ne waƙoƙin zamanin sun cika muryoyi huɗu ko biyar masu hawa kan juna, har mai sauraro ba ya jin abin da ake faɗa. Suka nemi a koma ga murya ɗaya, abin kiɗa yana raka ta, domin magana ta isa zuciya. Vincenzo yana cikin manyan masu wannan ra'ayi. Daga nan ne wasan kwaikwayo na waƙa, watau opera, ya tsiro, ko da yake shi bai ga fitowarsa ba, don sai cikin 1600 aka nuna Euridice na Jacopo Peri a Fulorans.

LABARIN MAƘERA

Kafin a gane gwajin da Vincenzo ya yi, sai an san yadda Turawa ke jera muryoyin kiɗa. Suna jera su ne hawa-hawa kamar matakala. Idan aka kai mataki na takwas sai murya ta koma irin ta farko, sai dai ta fi ta siranta, kamar yadda magidanci da ƙaramin yaro kan rera waƙa ɗaya tare, wannan a ƙasa, wancan a sama. Tun zamanin Girkawa an san cewa idan aka danne tsirkiya a tsakiyarta, rabin da ya rage zai ba da mataki na takwas. Idan aka bar kashi 2 cikin 3 na tsawonta, mataki na biyar zai fito. Idan kuwa kashi 3 cikin 4 ne, na huɗu. Wannan gaskiya ne, kowa na iya gwadawa.

To, amma akwai wani labari da ya biyo bayan wannan. An ce wata rana masanin lissafi Paitagoras yana wucewa ta ƙofar maƙera sai ya ji amon gudumomi ya dace da juna. Da ya auna su, wai sai ya tarar wata ta ninka wata nauyi sau biyu, wata kuma 3 ne bisa 2. Aka ƙara da cewa haka abin yake idan aka rataya duwatsun awo a ƙarshen tsirkiya, watau a ninka nauyi sau biyu, a sami mataki na takwas. Boethius ya rubuta labarin a ƙarni na 6, malamai suka yi ta koyar da shi har shekara dubu. Cikin 1492 ma Franchino Gaffurio ya buga littafi da zanen tsirkiyoyi ɗauke da duwatsu masu lamba 4, 6, 8, 9, 12 da 16.

Vincenzo ya yi abin da ya kamata a yi tun tuni. Ya samo tsirkiyoyi masu tsawo ɗaya da kauri ɗaya, ya rataya musu duwatsun awo, ya kaɗa, ya kasa kunne. Gani ya kori ji, in ji Hausawa, amma a nan ji ne ya kori karatu. Ninki biyu bai ba da mataki na takwas ba, sai ninki huɗu. Ma'ana, idan tsirkiya tana ɗauke da laba 4, sai an rataya mata laba 16 kafin ta kai mataki na takwas, laba 9 kuma kafin ta kai na biyar. Shi kuwa mataki na huɗu, 16 ne bisa 9. Ashe lambobin da ke aiki a kan tsawo ba su ne ke aiki a kan nauyi ba, sai an ninka kowace lamba da kanta. Ya bayyana wannan cikin littafinsa na 1589.

Abin ya wuce gyaran lamba. Idan murya ɗaya tana iya fitowa daga 2 bisa 1 ta wata hanya, ta kuma fito daga 4 bisa 1 ta wata hanyar, to babu wata lamba mai tsarki wadda ita ce asalin daɗin kiɗa. Dole a tambayi tsirkiyar kanta, a san da me aka yi ta, da hanjin tumaki ko da ƙarfe, a san kaurinta da yadda aka ja ta. Masana tarihin kimiyya suna sa wannan cikin gwaje-gwajen farko da aka auna wani abu na halitta aka fitar masa da ƙa'idar lissafi.

Har ila yau ya ba masu ƙera molo shawara mai amfani. A wuyan molon Turawa ana ɗaure gaɓoɓi inda yatsa ke danna tsirkiya. Vincenzo ya ce a raba tsawon tsirkiya gida 18, a ɗaura gaɓar farko a ƙarshen gida ɗaya, sa'an nan a sake raba abin da ya rage gida 18, a yi ta haka. Gaɓa ta 12 za ta faɗo kusa da tsakiya ƙwarai, makaɗi kuma zai iya fara waƙa daga kowane mataki ba tare da ta yi tsami ba. Masu ƙera jita sun daɗe suna aiki da wannan ƙa'ida bayansa.

A shekarun da ake waɗannan gwaje-gwaje Galileo ya riga ya bar Jami'ar Pisa, inda uban ya tura shi koyon likitanci, ya fito cikin 1585 ba tare da digiri ba. Masanin tarihi Stillman Drake yana ganin cewa a wurin mahaifinsa ya fara ganin yadda ake tambayar halitta da ma'auni.

ƊAN DA YA GAJI MOLO

An haifi Michelagnolo a Fulorans ran 18 ga Disamba, 1575, kuma wurin mahaifinsa ya koyi kaɗa molo. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Sai dai yana da shekara 15 kacal Vincenzo ya rasu, cikin Yuli 1591, bai kuwa bar dukiya ba. Nauyin gida ya faɗo kan Galileo, wanda a lokacin yake koyar da lissafi a Pisa a kan albashin sukudi 60 a shekara.

A Turai ta wancan zamani makaɗi ba shi da kasuwa sai fada ko coci. Wanda bai sami ubangida ba, gwanintarsa ba za ta ciyar da shi ba. Cikin 1593 Michelagnolo ya tafi ƙasar Folan neman aiki. Ya komo cikin 1599, ya nemi shiga fadar Fulorans bai dace ba, sai ya sake komawa Folan cikin 1600, wansa ne kuma ya yi masa tufafi da guzuri. Ya sake dawowa cikin 1606. Sai cikin 1607 ya sami wurin zama, sa'ad da aka ɗauke shi cikin makaɗan fadar Maximilian na Ɗaya, mai sarautar Babariya, a birnin Munik na ƙasar Jamus. Fada ce mai suna wajen kiɗa, domin shahararren mawaƙin nan Orlando di Lasso ya shugabanci makaɗanta har rasuwarsa cikin 1594.

Tsakanin wa da ƙane kuwa akwai maganar kuɗi wadda ba ta ƙare ba. Al'adar Italiya a lokacin ita ce dangin amarya ke biyan ango dukiya mai yawa, a rubuta a sa hannu, wanda ya kasa biya kuma a kai shi ƙara. Auren 'yar'uwarsu Virginia ya riga ya jefa Galileo cikin bashi, har mijinta ya yi barazanar sa a kama shi. Da aka zo auren Livia cikin 1601, aka rubuta cewa 'yan'uwan biyu za su raba biyan. Michelagnolo bai biya nasa kason ba. Cikin 1608 ya auri Anna Chiara Bandinelli, ya yi gagarumin biki, abin da ya ɓata wa wansa rai ƙwarai. Wasiƙun da suka yi ta aika wa juna suna nan har yanzu, kuma mafi yawan abin da ke cikin na ƙanen kukan rashi ne da yawan iyali.

Saboda waɗannan wasiƙu, masu rubuta tarihin Galileo sun saba nuna Michelagnolo a matsayin ɗan'uwa mai nauyi. Masana kiɗa kuwa wani mutum dabam suke gani. Cikin 1620 ya buga littafinsa a Munik, Il primo libro d'intavolatura di liuto, na molo mai jerin tsirkiya 10. A ciki akwai kiɗan buɗe fage wanda ake kira tokata, da kaɗe-kaɗen rawa iri-iri, an jera su rukuni-rukuni bisa muryar da suka fara da ita. Ya haɗa salon Italiya inda ya tashi da na Faransa wanda ke tashe a lokacin, ya kuma yi amfani da muryoyi masu karo da juna ba tare da tsoro ba, abin da mahaifinsa ya yi rubutu a kai yana kare shi. Wadansu kaɗe-kaɗensa sun shiga littattafan da aka tattara a Jamus tun yana raye.

Amma lokacin bai yi wa makaɗa daɗi ba. Yaƙin Shekara Talatin ya ɓarke cikin 1618, ubangidansa Maximilian kuwa shi ne jagoran rundunar sarakunan Katolika, saboda haka dukiyar fada ta koma ga soja. Cikin 1627 Michelagnolo ya kwaso matarsa da 'ya'yansa ya kawo su gidan Galileo a Fulorans, ya bar su can ya koma bakin aiki. Zaman bai yi daɗi ba, cikin 1628 ya zo ya kwashe su, aka rabu baram-baram. Ya rasu a Munik ran 3 ga Janairu, 1631, yana da shekara 55. Cikin 'ya'yansa akwai waɗanda suka gaji molo, ciki har da Alberto Cesare, wanda shi ma ya yi aiki a fadar Munik.

INDA GADON YA KWANA

Binciken Vincenzo bai mutu da shi ba. Cikin 1636 wani limamin coci Bafaranshe, Marin Mersenne, ya buga cikakkun ƙa'idojin tsirkiya, inda ya haɗa tsawo da nauyin ja da kauri. Cikin 1638 kuma, sa'ad da Galileo yake tsare a gidansa, idanunsa sun tafi, aka buga littafinsa na ƙarshe a birnin Laidin na ƙasar Holan. A ciki ya komo kan tsirkiyoyin mahaifinsa, ya bayyana cewa abin da ke sa murya ta yi sama ko ƙasa shi ne yawan karkarwar da tsirkiya ke yi cikin ƙayyadadden lokaci, da yadda wannan karkarwa ke bugun kunne. A kan wannan harsashi aka gina ilmin sauti wanda masu ƙera rediyo da lasifika da masu tsara manyan ɗakunan taro ke aiki da shi.

Kiɗan ma bai ɓace ba. Cikin 1917 Ottorino Respighi ya ɗauko wani kiɗan rawa da ake dangantawa da Vincenzo ya shirya shi domin babbar ƙungiyar makaɗa. Littafin Michelagnolo kuwa, wanda ya daɗe a ajiye bayan da aka daina yayin molon Turawa, makaɗan zamanin nan sun sake buɗe shi, sun ɗauki kaɗe-kaɗensa a faifai. Bashin auren Livia ya wuce tare da masu binsa. Tokatocin da ƙanen Galileo ya rubuta a Munik cikin 1620 kuwa har yau ana kaɗa su, a kan tsirkiyoyin da ke bin ƙa'idar da mahaifinsa ya auna.