Victor Trumper: Gwanin Kurket da Laka Ba Ta Hana Shi Bugu

Da wuya ka tsayar da matashi a Kinkinau da ke Kaduna ka tambaye shi wasan kurket ya ba ka amsa. Hirar majalisa ta Arsenal da Barcelona ce. Amma kurket ba baƙo ba ne a Arewa. An buga shi a Kwalejin Katsina tun zamanin su Sardauna suna ɗalibai, makarantar da aka dawo da ita Kaduna a 1938 kafin ta koma Zariya ta zama Barewa.

A wannan wasa, mutum ɗaya ne ke jefo ƙwallo, wani ya tare ta da faffaɗar sanda ya buge, ya tara maki. Cikin masu riƙe sandar nan, har yau mutanen Ostireliya ba su gama yabon Victor Trumper ba, ɗan Sidni da aka haifa a 1877.

Alƙalumansa ba su da ban tsoro. Ya buga wa ƙasarsa manyan wasanni 48, ya ci maki 3,163, matsakaicin kimanin 39 ke nan kafin a fitar da shi. Don Bradman da ya biyo bayansa yana da 99.94. To me ya sa ake haɗa sunayensu?

Amsar tana cikin fili. A zamanin Trumper ba a lulluɓe wurin bugu idan an yi ruwa. Rana na fitowa sai ƙasar ta yi danƙo, ƙwallo ta faɗi ta yi tsalle inda ta ga dama, wani sa'in ta nufi haƙarƙari. Sauran 'yan wasa sukan tsaya kare kai. Shi kuwa sai ya baro layinsa ya taryi ƙwallon tun ba ta gama shawara ba. A 1902, shekarar da ruwa ya addabi Ingila, ya tara maki 2,570 a rangadin ƙungiyarsu. A Manchesta ya cika ɗari kafin a tashi cin abincin rana a ranar farko, abin da ba a taɓa yi ba a irin wannan wasa. Hoton da George Beldam ya ɗauke shi a 1905, ƙafa a sama, sanda a bayan ƙeya, yana cikin hotunan kurket da suka fi shahara.

Ciwon ƙoda ya kashe shi a 1915 yana da shekara 37.

A ganina, irin wasansa ya fi kusa da yaranmu fiye da na Bradman, don su ma a kan turɓaya da tsakuwa suke koyo. Kuma ana samun sakamako: 'yan matan Nijeriya 'yan ƙasa da shekara 19 sun doke New Zealand a gasar duniya a Maleshiya cikin Janairun 2025. Shugabannin makarantun Kinkinau da Tudun Wada, sanda biyu da ƙwallo ɗaya sun isa a fara.