Ruhubanawan Tarihi: Yadda Siffantawa Ta Haifi Ƙungiyar Asiri a Ƙagaggen Labari

Daga cikin ƙungiyoyin asiri da marubuta ƙagaggun labarai suka ƙirƙira, kaɗan ne suka cancanci nazarin mai sha'awar harshe kamar wadda Terry Pratchett (1948-2015), marubuci ɗan ƙasar Ingila, ya kira Ruhubanawan Tarihi. Wannan marubuci ya wallafa littattafai 41 a kan wata ƙagaggiyar duniya mai suna Discworld, ya fara tun 1983. Ƙungiyar ta fito a littafinsa Small Gods na 1992, amma sai a Thief of Time, watau Ɓarawon Lokaci, na 2001 aka baje kolinta sosai.

Mazaunin ruhubanawan wani kwari ne da ake kira Oi Dong, can a ƙuryar duwatsu masu ƙanƙara. Wanda ya kafa ƙungiyar, Wen, ya zaɓi yini guda da ya fi kowane kyau, ya sa kwarin ya riƙa maimaita shi. Saboda haka itatuwan ceri na wurin kullum cikin fure suke, ba su taɓa kaiwa ga nuna ba. Duk wanda ya san Lost Horizon na James Hilton (1933), inda mazauna Shangri-La suke jinkirin tsufa, zai gane inda aka ɗebo wannan hoto, da kuma cewa zolayarsa ake yi.

Aikin ibadarsu shi ne abin lura. A wani babban zaure akwai turaku masu juyawa, ƙanana da manya, waɗanda aka kwaikwayo daga gangunan addu'a na mabiya addinin Buddha a Tibet. Sunan da marubucin ya ba su yana nufin masu jinkirtawa. Turke yakan naɗe lokaci kamar yadda mazari yake naɗe zare, in an juya shi baya kuma ya warware. Da haka ruhubanawan suke ɗibar lokaci daga inda yake zaman banza, alal misali ƙarƙashin teku, su kai shi birane inda kullum ake kukan ƙarancinsa. Ba aikin mutum ɗaya ba ne. Jama'a ce take tsaye a kan turakun, ana kuma duban wani zanen rairayi mai launi-launi, mandala, wanda yake nuna inda lokaci ya taru da inda ya yi ƙaranci.

To, daga ina wannan tunani ya fito? Daga bakin masu magana da Ingilishi. George Lakoff da Mark Johnson sun nuna a littafinsu Metaphors We Live By (1980) cewa wannan harshe yana ɗaukar lokaci tamkar kuɗi: ana kashe shi, ana tanadinsa, ana aronsa, ana almubazzaranci da shi. Masu harshen sun daina jin siffantawar da ke ciki. Abin da Pratchett ya yi shi ne ya ɗauki maganar a kan zahirinta. In dai ana tanadin lokaci, ashe ke nan akwai rumbun da ake zuba shi, akwai kuma masu tsaron rumbun. In ana satarsa, akwai ɓarawo. Ƙungiyar duka, da shugabanta wanda ake sake haihuwarsa har ya zo yana jagoranci yana jariri, da Lu-Tze mai shara wanda ya fi kowa sani, an gina ta ne domin ta ɗauki nauyin wannan magana guda. Har ila yau marubucin ya ci wata riba: ya ce an taɓa ƙera agogon gilashi da ya farfasa tarihi, ruhubanawan suka harhaɗa gutsattsarin, da haka ya wanke kansa daga saɓanin shekaru da masu karatu suka tsinto a littattafansa na baya. Wannan dabara ce ta mai wayo, ko da yake tana da ɗan araha.

Wanda zai fassara littafin zuwa Hausa zai gamu da matsala a nan. Bahaushe yana cewa an ɓata lokaci, ko aiki ya ci lokaci, ko ba shi da lokaci, saboda haka rabin wasan zai shiga. Amma idan magana ta zo kan rayuwar mutum, kwana Bahaushe yake ƙirgawa, kuma rabo ne ƙayyadajje. Wanda ya tsira daga haɗari yana da sauran kwana, wanda ya rasu kwanansa ne ya ƙare. Ba a ɗibar kwanan wani a ƙara wa wani. Mai fassara da ya sa kwana a gurbin lokaci zai mayar da masu juya turakun Oi Dong masu shiga hurumin ajali, alhali a asalin littafin ma'aikata ne kawai masu gyaran rabon kaya.